Idan edita ya soke mutum a Ƙasar Tawada, ina yake zuwa?

Ɗalibar Adabi:
Assalamu alaikum malamaina da iyayena na wannan zaure. Maganar Ƙasar Tawada ce, duniyar da muke ginawa tare. Ga waɗanda suka shigo daga baya: ƙasa ce da babu abin da ke wanzuwa a cikinta sai an rubuta shi. Falle ɗaya kwana ɗaya ne, fuskarsa rana, bayansa dare, kowanne layi 12, kowane layi awa guda. Marubuta ke rubuta yini, editoci ke gyarawa. Wannan duk mun amince da shi.

Ga inda abin ya cije. Idan edita na iya gyara komai, me zai sa gaban mai karatu ya faɗi? An kashe mai gadin rijiya a babi na 4, a babi na 6 an soke layin, ga shi ya miƙe yana kaɗe riga. Na biyu, idan aka soke rijiyar ita kanta a falle na 10, waɗanda suka sha ruwanta har falle na 40 fa? Ƙishirwar kwana 30 za ta rufto musu lokaci ɗaya? Ƙa'ida nake nema mai lissafi, kada a ce mini "ai sihiri ne".

Malam Hashiya:
Wa alaikumus salam. 'Yata, matsalar ta fara ne daga kalmar "gyara" da kika yi wa jam'u. Cire rubutu daga takarda iri uku ne, kuma ba su taɓa zama ɗaya ba a wurin masu kwafin littattafai da hannu. Akwai wankewa, akwai kankarewa da wuƙa, akwai sokewa da layi. Malaman hadisi sun daɗe da tattauna wannan. Ibnus Salah, wanda ya rasu a 1245, ya fifita sokewa a kan sauran biyun, da sharaɗin a ja layin yadda za a iya karanta abin da ke ƙarƙashinsa. Dalili shi ne wurin da aka kankare abin zargi ne, ba wanda ya san me aka cire, kuma wataƙila abin da aka cire ɗin ya inganta a wata ruwaya.

To ki ba kowanne sakamakonsa a ƙasar. Wanda aka soke da layi bai ɓace ba, ya fita daga matani ne, wato ainihin rubutun, ya koma gefen shafi. Yana ganin gidansa, yana jin muryar iyalinsa, amma ba ya iya taɓa ko ludayi, don ba ya cikin jimla. Ana iya dawo da shi. Wanda aka wanke ya tafi, saura dishi-dishin tabo. Kankarewa kuwa takardar take ci, kuma takardar nan ita ce ƙasar da mutane ke takawa.

Ɗan Maɗaba'a:
Malam ya buɗe ƙofa, bari in shiga da maganar tawada, don a nan amsar tambayarki ta farko take. Tawadar gawayi da ƙaro a saman takarda take zama, ruwa na ɗauke ta. Tawadar da aka haɗa da sinadarin ƙarfe kuwa shiga take cikin jikin takarda ko fata, tana ƙara duhu bayan an rubuta, kuma in shekaru suka yi nisa har cin takardar take yi ta huda ta. Shaida a zahiri: wani kwafin rubuce-rubucen Arkimidis, masanin lissafin Girka na dā, da aka yi a kan fata a ƙarni na 10, an kankare fatar an rubuta addu'o'i a kai a 1229. Bayan an sayar da littafin a 1998, masu bincike sun karanto wasu shafukan tsohon rubutun da hasken da ke gano ƙarfen da ya rage a fatar. Kusan shekara 770 da kankarewa, ƙarfen na nan.

Sai a yi tawada biyu a ƙasar. Al'amuran yau da kullum, wa ya je ina, me aka ce, a rubuta da ta gawayi. Abu uku kawai da ta ƙarfe: haihuwa, mutuwa, rantsuwa. Mai gadin rijiyarki in an rubuta mutuwarsa da ta ƙarfe, shi ke nan. Edita na iya jan layi a kai, amma layin nasa na gawayi ne, ruwan sama na farko zai wanke layin ya bar mutuwar. Kin ga kin samu abin tausayi kyauta: mutum ya dawo wa iyalinsa na tsawon rani ɗaya, kowa a gidan na kallon hadari.

Ɗalibar Adabi:
Yaya, wannan na rani ɗayan ya shige ni. Na ɗauka.

Ɗan Adawa:
Ni ban gamsu ba. Me zai hana editan ya ɗauko wuƙa ya kankare kawai? Malam ya ce tana cin takarda, to sai me? Mai iko ba ya tsoron asarar takarda.

Malam Hashiya:
Ɗana, ka manta tsarin fallen. A bayan takarda, daidai layi na 3 na rana, layi na 3 na dare ne. In ka kankare awa ta uku ta safiya, daren ka sirantar. Kankara ta farko, mutanen unguwar za su ga haske-haske a tsakiyar dare, kaji su rikice. Ta biyu, maganganun rana su riƙa ratsowa cikin barcin mutane, har da abin da aka so a ɓoye. Ta uku takarda ta huje, duk wanda ya taka wurin ya faɗa falle na gaba, ya yi asarar kwana guda bai san inda ya shiga ba. Ke nan mai kankara shi ke tona wa kansa asiri. Garin neman gira a rasa ido.

Wani abu kuma a gefe, tun da muna maganar mutuwa da dawowa: a guji kalmomin halitta da ƙaddara a wannan labari. Editocin nan ma'aikata ne, suna gajiya, suna kuskure, ana sallamarsu daga aiki. A bar su a haka.

Anti Edita:
Na goyi bayan Malam a kan wannan. Yanzu rijiya, don ba a nan gizo ke saƙa ba sai a tambaya ta biyu.

Duk wanda ya san aikin gyaran littafi ya san cire abu ɗaya ba gyara ɗaya ba ne. In rijiyar ta fito sau 63 daga falle na 10 zuwa na 40, gyara 63 ne, kowanne da nasa maye gurbin: wannan ta sha a rafi, wancan ya sayi ruwa, wannan bai ji ƙishi ba. Babu wani gyara da ke malalowa gaba da kansa. Wurin da edita ya tsallake, rijiyar na nan a wannan awar kaɗai. Mace za ta je da guga da hantsi ta ɗebi ruwa, ta koma da azahar ta tarar da fili. Ƙishirwar kwana 30 ba za ta zo ba, abin da zai zo ya fi ta muni, wato gari mai tabbare-tabbare.

Ga matakan da nake ba da shawara, kuma daga aikin masu kwafi na ɗauko su. Mutum biyu ne a kan kowane gyara, ɗaya na karanta asali da ƙarfi, ɗaya na bi da ido. In an zo wurin, a ja layi, a fitar da ɗan lanƙwasasshen zane zuwa gefe, a rubuta sabon zancen a can, a sa masa "sahha" alamar ya inganta. Akwai da'ira a ƙarshen kowace gaɓa, ba a ɗiga mata ɗigo a ciki sai an gama duba gaɓar. Kafin ɗigon nan ya sauka, gyaran bai hau kan ƙasa ba.

A sa musu iyaka: mutum biyun nan wuri 8 suke iya gamawa a yini. To ku yi lissafi. Wuri 63 zai ci kwana 8. Amma a kwana takwas ɗin nan marubuta ba su tsaya ba, mutane na ta zuwa rijiya. In ana ambatonta sau 10 a rana, editocin na cire 8, kullum bashin ƙaruwa yake da 2. Har abada ba za su cim mata ba.

Injiniya:
Anti, kin gama aikin ai. Wannan ita ce dokar ƙasar gaba ɗaya: abin da ake ambato fiye da yadda ake iya sokewa ba ya sokuwa. Sarkin kasuwa da sunansa ke fita sau 200 a yini sai an tara masa editoci 50 kafin a yi kunnen doki da bakin mutane. Tsohuwar da ke zaune ita kaɗai, wadda ake ambato sau ɗaya a mako, awa biyu ta ishi ma'aikaci biyu su share ta daga shekara guda... a'a, bari in gyara, sau 52 ne a shekara, kwana 7 ke nan. Duk da haka mako guda kawai.

Daga nan al'adun ƙasar za su tsiro da kansu ba sai mun ƙirƙira ba. Gaisuwa a can ba ladabi ba ce kawai, kariya ce. Uwa za ta riƙa kiran sunayen 'ya'yanta ɗaya bayan ɗaya kafin barci. Za a samu masu sana'ar ambato, a biya su su zagaya suna kiran sunan mutum. Shi kuma azzalumi ba da wuƙa zai fara ba, zai fara da hana a faɗi sunan, ya jira ambato ya ragu ƙasa da 8, sannan ya tura ma'aikata biyu kacal.

Ɗan Adawa:
To yanzu kun fara magana. Amma in ya yi nasara ya cire mutumin, ramin da ya bari fa? Layi 52 babu komai?

Ɗan Maɗaba'a:
Ba a barin rami, kuma ba a matso da rubutu ya cike shi. In ka cire layi biyu ka jawo na ƙasa sama, duk abin da ke bayansu ya gusa, fihirisa ta koma nuna wurin da ba shi ba. A ƙasar da layi yake awa, wannan na nufin rana ta faɗi da la'asar, mutane su farka a gidan maƙwabta. Dole abin da aka cire a cike gurbinsa da abu mai tsawonsa daidai.

An yi haka a duniyarmu. Bayan an kashe Beriya, shugaban 'yan sandan ciki na Tarayyar Sobiyet, a Disamba 1953, masu buga babban kundin ilimin ƙasar sun aika wa waɗanda suka sayi kundin sababbin shafuka, aka ce su yanke na Beriya da almakashi ko reza su liƙa waɗannan. Cikin abin da aka cike gurbin da shi har da ƙarin bayani a kan Tekun Bering, don harafinsu na kusa. Mutum ya fita, teku ya kumbura.

Ki riƙe wannan don mai binciken labarinki. A Ƙasar Tawada, duk inda aka ga an cika siffanta abu, tafkin da aka ba layi 40 alhali ba abin da ke faruwa a bakinsa, bishiyar da aka ƙirga rassanta ɗaya-ɗaya, to ruwa ba ya tsami banza. Tsawon siffar shi ne tsawon wanda aka binne a ƙarƙashinta.

Gwaggo Mai Tatsuniya:
Ina ta sauraronku, 'ya'yan nan, kowa takarda takarda. Kun gina ƙasar labari kun manta labari ya girmi alƙalami. Ina bakin yake?

Ku ware yanki guda, bayan iyakar shafi, inda ba a rubutu. Shigarsa sai mutum biyu: ɗaya ya ce "ga ta nan ga ta nanku", ɗaya ya amsa "ta zo mu ji ta". In ba mai amsawa ƙofa ba ta buɗewa, shi ya sa mutum ɗaya ba ya iya mulkar wurin. A can kowane faɗi sabon gini ne. Yau dodon kai uku gare shi, gobe bakwai, kuma ba wanda ya yi ƙarya. Edita in ya shiga ba shi da abin sokewa, jan bironsa sanda ce kawai. Abin da ke lalacewa a can ɗaya ne: a tashi ba a ce "ƙurunƙus" ba. Labarin da ba a rufe ba yoyo yake yi, dabbobinsa su fito su shiga matani suna magana da mutane.

Kuma ga amfaninsa ga dokar ambaton nan taku. Wanda aka hana faɗin sunansa a matani, danginsa su tsallaka can su saka shi a tatsuniya. Zai rayu, sai dai ba zai dawo yadda ya tafi ba. Baki goma sun faɗe shi, kowanne ya ƙara gishirinsa. Matarsa za ta karɓi mutum mai sunan mijinta, ya fi shi tsawo, ya fi shi jarumta, bai san inda suke ajiye makulli ba.

Anti Edita:
Gwaggo, Allah ya ƙara girma. Wannan na makullin ya fi duk lissafina.

Bari in ƙara kurakuran hannu, don ba kullum mugunta ke ɓarna ba, galibi gajiya ce. Mafi yawan abin da ke samun mai kwafi shi ne tsallaken ido: layi biyu sun ƙare da kalma iri ɗaya, idonsa ya bar ta farko ya sauka a ta biyu, duk abin da ke tsakani ya zube. A ƙasar, gari guda zai rasa awa biyu ko uku, tukunya a kan wuta ta ƙone ba wanda ya ga lokacin. Kishiyarsa maimaita layi, a yi awa ɗaya sau biyu.

Sai na harshenmu. Lanƙwasar ƙ ta faɗi daga "ƙasa", manomi ya wayi gari gonarsa ta zama kasa tana huci. Boko ba ya nuna karin sauti ko tsawon wasali, don haka "ya bar wa ɗansa gado" sai an yi shari'a: na kwanciya ne ko dukiyar duka? "Gari ya waye" ba matsala, amma "an kawo gari" fa? Ni a ganina a ba masu karatu da ƙarfi matsayi sama da masu rubutu, don muryarsu ce ke yanke hukuncin wace kalma ce. Cin hanci ma a wurinsu zai fi yawa.

Injiniya:
Akwai na Landan a 1631, inda masu buga Baibul suka yar da kalmar korewa guda ɗaya daga dokar hana zina, hani ya koma umarni, aka ci su tarar fam 300. Hausa ta ɗan fi tsaro a nan, "bai mutu ba" sai ka cire abu biyu, in ka cire ɗaya jimlar ta gurgunce kowa ya gani. Raunin yana wurin "kada". "Kada a buɗe ƙofa", kalma ɗaya ta faɗi, an buɗe.

Ɗan Adawa:
Kuma tun da abin da aka soke gefen shafi yake komawa, kowace "kada" da aka cire can za ta je ta zama kada mai haƙora. Gefen shafi cike da kadoji, ɗaya ga kowane hani da aka karya. Waɗanda aka kora can da su suke kwana.

Ɗalibar Adabi:
Kai Yaya! Wasa ka yi amma wallahi ta shiga littafi.

Saura ɗaya. Editoci biyu sun saɓa, wannan ya sa gada a kan kogi, wancan ya soke, wannan ya mayar. Wa ke nasara?

Injiniya:
Tufka da warwara ke nan, kuma wanda ke kan gadar shi ke shan wuya. Wikipedia ta Turanci na da doka a kan irin wannan: mutum ɗaya ba ya warware gyaran wasu fiye da sau uku a shafi ɗaya cikin awa 24, in rikici ya ƙi ƙarewa a kulle shafin. Ki ara, amma ki ɗaure ta da jikin takarda kamar yadda Malam ya yi. Gefen kowane layi na da wurin gyara uku kawai, don fili ne mai iyaka. In ya cika, layin ya kulle a kan gyaran ƙarshe, ko daidai ne ko kuskure. Sai wayo ya shigo: kowa na so ya zama na uku, ba mai son ya zama na biyu. Za a ga editoci biyu sun zauna sun zuba wa layi ido kwana da kwanaki, kowa na jiran ɗan'uwansa ya fara motsi, mutanen ƙauyen kuma na tsaye a bakin kogi da kayansu.

Malam Hashiya:
Daidai, sai dai a lura: na farko shi ne na ukun in aka bi ka'ida, sa, soke, mayar. Ke nan wanda ya fara shi ke da riba, na biyu ba zai taɓa yarda ya taɓa layin ba, zai je ya gyara kogin ne a wani layi, ya karkatar da shi, a bar gada a kan yashi. Haka rikicin masu gyara yake, ba ya mutuwa a inda ya fara.

Ga wata kyauta kafin in tashi. Littattafan da ba a ɗinke ba, masu kwafi kan rubuta kalmar farko ta falle mai zuwa a ƙasan wanda ya ƙare, don in fallaye suka watse a iya jera su. Larabawa na ce mata ta'aƙiba. A ƙasarku wannan na nufin kowane dare, bayan layi na 12, kalmar farko ta gobe na bayyana. Kalma ɗaya tak. In "ruwa" ce, ba a san na sama ba ne ko na ambaliya. In sunan mutum ne, ba mai barci a gidansu.

Ɗan Maɗaba'a:
Malam, akwai gyara a lissafin. Dare layi 12 ne, awa 12. Kalmar nan a ƙasan layi na 12 take, wato a kan layi na 13 da ba ya cikin ƙirga. Wane lokaci ne wannan a ƙasar? In awa ce, kwana ya zama awa 25, duk lissafin Anti ya tashi.

Malam Hashiya:
Ba awa ba ce, tsawon kalma ɗaya ce. In layi na ɗaukar kalma 10, minti 6 ke nan, kuma ba na jiya ba ne ba na gobe ba. Ba a rubuta abin da kowa ya yi a cikinsu.

Ɗan Adawa:
Minti 6 kowane dare da ba a rubuta komai? To ɓarayin ƙasar sun samu wurin zama. Ƙanwata, mai gadin rijiyar nan naki, ki sake duba a wane lokaci aka kashe shi. In a cikin minti shidan nan ne, da wace tawada aka rubuta mutuwar, kuma wa ya rubuta?